Kun Tambaya Mun Amsa: Kukan McIlroy, Kuɗin Saudiyya da Yaran da ke Ɗaukar Jaka

Assalamu alaikum jama'a. Tunda muka ɗan taɓo maganar golf a fitowar baya, wato ƙwallon lambu kamar yadda masu labaran wasanni a rediyo ke kiranta, saƙonni suka yi ta shigowa, wasu na cewa me ya haɗa Bahaushe da wasan masu kuɗi, wasu kuma ashe sun jima suna kallo sai dai babu wanda zasu tambaya. To na tsinto guda shida a ciki, waɗanda basu ga nasu ba su yi haƙuri sai wani jiƙon.

TAMBAYA: Malam ni abin da ke ɗaure min kai shi ne allon maki. Na ga wanda aka ce shi ne na ɗaya an rubuta masa -11, wani kuma mai +3 yana can ƙasa. Ya za a yi mai bashi ya fi mai riba? Daga wani ɗalibi a Gusau.

AMSA: Ƙanena ai a golf ba tara maki ake ba, tsimin bugu ake. Fili yana da rami 18, kowane rami kuma an yanka masa adadin bugun da ya kamata gwani ya yi kafin ƙwallo ta faɗa, wani uku wani huɗu wani biyar, wannan adadin shi 'yan wasa ke kira faa. Idan ka haɗa na ramukan gaba ɗaya yawanci zaka samu 70 zuwa 72. To in ramin bugu huɗu ne kai kuma ka jefa a uku ka rage ɗaya kenan, shi ake cewa bedi, sai a rubuta maka -1. In ka yi biyar ka ƙara ɗaya, sunansa bogi, wannan kam baya buƙatar fassara a Hausa. Ana yin kwana huɗu, Alhamis zuwa Lahadi, rami 72 kenan, mai -11 ya gama da bugu 11 ƙasa da abin da aka yanka, mai +3 kuwa ya zarce da uku. Kuma ka riƙe wannan don zai yi maka amfani a gaba: bayan kwana biyu ana tankaɗe, kusan rabin 'yan wasa a sallame su, kuma a yawancin gasanni wanda aka sallama ko sisi baya samu, alhali shi ya biya kuɗin jirginsa da otal da mai ɗaukar masa jaka.

TAMBAYA: Na ga bidiyon wani Bature ya durƙusa a kan ciyawa yana kuka wiwi kamar an masa rasuwa, aka ce wai gasa ya ci. Don Allah meye abin kuka a ciki, ba kuɗi ya samu ba? Daga wata uwar gida a Maraɗi.

AMSA: Hajiya wannan Rory McIlroy kika gani, mutumin Ireland ta Arewa, ranar Lahadi 13 ga Afrilun 2025 a gasar Masters. Kuɗi kam ya samu, dala miliyan 4.2, amma wallahi ba su suka sa shi kuka ba, mutumin da ya riga ya tara abin da jikokinsa ba zasu cinye ba. Bari in ɗauko miki daga tushe don in ba haka ba ba zaki ga nauyin abin ba.

Golf na da manyan gasa huɗu a shekara. Masters a watan Afrilu, ita kaɗai ce kullum a fili ɗaya ake yinta, Augusta a jihar Jojiya ta Amurka, wanda ya ci a saka masa koriyar kwat. Sai PGA a watan Mayu, US Open a Yuni, sannan uwarsu duka The Open a Yuli wadda aka fara tun 1860 a Sikotilan. Kafin McIlroy mutum biyar kacal suka taɓa haɗa huɗun nan a rayuwarsu, Gene Sarazen, Ben Hogan, Gary Player, Jack Nicklaus da Tiger Woods.

To shi wannan bawan Allah a 2011 yana ɗan shekara 21 ya shiga ranar ƙarshe ta Masters yana gaban kowa da bugu huɗu, duniya ta gama ɗinka masa kwat, sai abu ya kwaɓe a rami na 10, ya buga ƙwallo ta tafi can tsakanin wasu ɗakuna inda ba a saba ganin ɗan wasa ba, daga nan komai ya wargaje ya tashi da bugu 80, Charl Schwartzel na Afirka ta Kudu ya ɗauke. Yaron bai karaya ba, wata biyu bayan nan ya ci US Open da ratar bugu takwas, ya ci PGA a 2012, a 2014 ya haɗa The Open da PGA. Saura Masters kaɗai. Kowa ya ce ai baɗi ne. Hajiya baɗin nan sai da ta kai shekara 11, kuma ba Masters kaɗai ba, ko ɗaya daga cikin manyan huɗun bai sake ci ba. Duk watan Afrilu 'yan jarida tambaya ɗaya suke masa, kin san yadda ake damun matar da bata samu haihuwa ba a gidan suna, kowa da irin kallon da zai mata, to kusan haka. A 2022 a gasar The Open ta St Andrews ya shiga ranar ƙarshe yana sama Cameron Smith ya zo ta baya ya wuce shi. A 2024 a US Open ta Pinehurst ya ɓarar da wasu gajerun bugu biyu a rami na 16 da na 18, tazarar da bata kai tsawon taɓarya ba, Bryson DeChambeau ya ɗauke kofin, shi kuma ya shiga mota ya bar wajen ko magana bai iya yi ba.

Ranar da kika gani ɗin ma ba da sauƙi ta zo ba, ni dai ban iya zama ba a tsaye na ƙarasa kallo. Ya fara yana gaba da bugu biyu, a ramin farko ya zubar da su duka. Ya farfaɗo har ya ba da rata, sai a rami na 13, bugun da ko rabin ƙarfinsa baya buƙata, ya jefa ƙwallo cikin ɗan rafin da ke gaban ramin. A na 15 ya yi wani bugu da ya lanƙwaso ƙwallo ta bayan bishiyoyi ta haye ruwa ta sauka kusa da tuta, irin wanda sai mutum ya cire tsoro gaba ɗaya zai gwada. Ya zo na 18 yana buƙatar bugu huɗu ya zama zakara, ya faɗa ramin yashi, ya fito, ya tura ta wuce ta gefe. Justin Rose na Ingila, dattijo ɗan shekara 44 da ya yi bugu 66 a ranar, ya kamo shi suka yi kunnen doki a -11. A hanyar komawa raba gardama mai ɗaukar masa jaka Harry Diamond, abokinsa tun suna yara wanda mutane suka sha cewa ya kore shi ya nemo ƙwararre, ya tuna masa cewa da ranar Litinin aka musu tayin wannan matsayin ai da hannu biyu zasu karɓa. Suka koma na 18, ya sauke ƙwallo dab da rami, ya tura ta faɗa. Kukan shekara 14 ne kika gani, tun daga rami na 10 ɗin can. Kuma ki tausaya wa Rose ma, don karo na biyu kenan yana rasa kwat ɗin a raba gardama, a 2017 Sergio Garcia ne ya masa haka, amma ya je ya rungumi McIlroy da zuciya ɗaya.

TAMBAYA: Ina jin ana cewa Larabawa sun raba kan 'yan golf gida biyu. Meye gaskiyar maganar, kuma kai wane ɓangare kake? Daga wani ɗan kasuwa a Kumasi.

AMSA: Alhaji gaskiya ne an rabu. Shekara da shekaru PGA Tour ta Amurka ita ce kasuwar da duk wani gwani ke son kafa rumfa, sai a watan Yunin 2022 aka buɗe wata sabuwa mai suna LIV, da kuɗin asusun zuba jari na gwamnatin Saudiyya wato PIF, wanda Yasir Al-Rumayyan ke jagoranta, shi ne dai shugaban ƙungiyar Newcastle in kana bin ƙwallon Ingila. Sunan ma lissafi ne, LIV a lambobin Rumawa 54 kenan, don rami 54 suka fara da shi a kwana uku maimakon 72. Babu tankaɗe, na ƙarshe ma da rabonsa, kowa ya fara a lokaci ɗaya daga rami daban daban, ga kiɗa na tashi, ga ƙungiyoyi na mutum hurhuɗu. A gasar farko kusa da Landan Schwartzel ɗin nan da na ambata ya tashi da dala miliyan 4. Phil Mickelson, Dustin Johnson, Brooks Koepka, DeChambeau, Cameron Smith duk suka tafi, PGA Tour ta dakatar da su, a Disambar 2023 Jon Rahm na Sifaniya ma ya bi sahu. Masu suka a Amurka suka ce Saudiyya na wanke sunanta ne da wasanni, suna kawo maganar kisan ɗan jarida Jamal Khashoggi a 2018. Ana cikin wannan zage zage da shari'a a kotu kwatsam ranar 6 ga Yunin 2023 shugabannin ɓangarorin suka fito suka ce sun amince zasu haɗa kai, 'yan wasan da suka ƙi kuɗin don biyayya irin su McIlroy a labarai suka ji. Har yau dai haɗewar bata tabbata ba.

Wane ɓangare nake? Ni bana zagin wanda ya karɓi kuɗi, kai ɗan kasuwa ne ka san ba a ƙin ciniki mai kyau, kuma zuwan LIV ne ya tilasta wa PGA Tour ta buɗe bakin jaka har wasu gasanninta suka kai dala miliyan 20. Kuma masu cewa duk wanda ya tafi ya mutu basu faɗi daidai ba, Koepka ya ci PGA a 2023, DeChambeau ya ci US Open a 2024, duk a lokacin suna LIV. Amma a wajen kallo zuciyata na wancan tsohon tsarin, saboda tankaɗen nan. Ranar Juma'a da yamma ka ga wani wanda ba kowa ya san sunansa ba yana tsaye kan bugu ɗaya, in ta faɗa ya samu na biyan haya in ta kauce ya koma gida da bashi, hannunsa na rawa, wannan shi ne golf a wajena. In an riga an biya mutum kafin ya ɗaga sanda to wani abu ya fita daga ciki. Su ma da alama sun gane, tunda sun sanar cewa daga 2026 zasu koma rami 72. Abin da ya fi min ciwo shi ne yanzu sau huɗu kawai a shekara muke ganin Scottie Scheffler da Rahm da McIlroy da DeChambeau a fili ɗaya.

TAMBAYA: An ce golf wasan natsuwa ne, amma na ga wata gasa a New York 'yan kallo na ihu da zagi kamar filin dambe. Wace iri ce wannan? Daga wani malamin makaranta a Zariya.

AMSA: Malam Ryder Cup ka gani, ita daban take. Duk shekara biyu ake yi tsakanin Amurka da Turai, mutum 12 kowane ɓangare, maki 28 ake rabawa. An fara a 1927 tsakanin Amurka da Birtaniya, da abin ya zama kullum Amurka ke ci sai aka shigo da sauran Turai a 1979. Ta watan Satumban 2025 a filin Bethpage aka yi, Turai ƙarƙashin Luke Donald suka yi wa masu gida fintinkau a kwana biyun farko 11 da rabi da 4 da rabi, ranar Lahadi Amurkawa suka taso kamar zasu rama har sai da Shane Lowry ya jefa wata a rami na 18 kafin hankalin Turai ya kwanta, aka tashi 15 da 13. Rabon da Turai ta ci a ƙasar Amurka tun 2012. Ihu a wannan gasar halal ne, amma abin da aka yi a Bethpage ya wuce gona da iri, ana zagin McIlroy da iyalinsa yana shirin bugu, har aka wurgo kofin giya ya sami matarsa. Wannan rashin tarbiyya ne, kuma ka duba a 2027 a Ireland za a yi, ina fata mutanen can ba zasu ce sai sun rama ba.

TAMBAYA: Ina labarin Tiger Woods? Ni shi kaɗai na sani a wasan. Daga wani direba a N'Djamena.

AMSA: Ɗan'uwa ba kai kaɗai ba, da yawanmu ta dalilinsa muka fara kallo. Jiki ne ya gaji. An masa aiki a baya ba sau ɗaya ba ba sau biyu ba, a Fabrairun 2021 ya yi mummunan hatsarin mota kusa da Los Angeles ƙafarsa ta dama ta ragargaje, a Maris ɗin 2025 kuma jijiyar agararsa ta tsinke, don haka ko ɗaya daga manyan gasannin 2025 bai buga ba, ga shi ya cika shekara 50 a ƙarshen 2025 tunda haihuwar ƙarshen Disambar 1975 ne. Manyan kofuna 15 gare shi, Nicklaus na da 18, kuma ni a ganina wannan ratar ta zauna kenan. Amma ka tuna abin da ya yi. Har zuwa 1961 dokar ƙungiyar ƙwararrun golf ta Amurka a rubuce take cewa farar fata kaɗai ke zama mamba, sai 1975 baƙin mutum na farko Lee Elder ya buga Masters, a filin da har farkon shekarun 1980 baƙaƙe aikinsu ɗaukar jaka ne. A wannan filin Tiger yana ɗan shekara 21 ya ci a 1997 da ratar bugu 12, ya kuma dawo a 2019 ya sake ci bayan kowa ya gama yi masa jana'iza. Wanda ya riƙe kambun na ɗaya a duniya a 2025 Scheffler ne, ya ci Masters a 2022 da 2024, zinaren Olamfik a Paris, sannan PGA da The Open a 2025, zuwa ƙarshen 2025 US Open kaɗai ta rage masa ya shiga sahun su McIlroy.

TAMBAYA: Ɗana ɗan shekara 13 ya maƙale wa zuwa filin golf yana ɗaukar wa manya jaka ranar Asabar da Lahadi, yanzu har ya lanƙwasa rodi yana buga ƙwallo a bayan gida. Ni ina ganin ɓata lokaci ne, wasan masu kuɗi ne, talaka me zai samu? In hana shi? Daga wani mahaifi a Kaduna.

AMSA: Baba wannan tambayar taka ta taɓa ni don nima na ɗauki jakar nan ina yaro a filin garinmu. Har yanzu ina jin warin wajen. Mu a lokacin babu koriyar ciyawa a bakin rami, yashi ne ake cakuɗawa da baƙin mai a baje a daddaɓe, ana ce masa burawun, in ƙwallon maigida ta hau sai ka ruga da wani ɗan buhu da aka ɗaura a sanda ka ja shi daga ƙwallon zuwa ramin don hanya ta yi sumul, ka koma gefe ka yi tsit. Da hunturu ƙasa ta bushe ƙeƙas sai ka ga kowa da ɗan guntun kafet ɗinsa yana ɗora ƙwallo a kai kafin ya buga. Sanda 14 ce a jaka, ka san nauyinta a kafaɗa tun daga rami na ɗaya, kafin na 18 ka san wacce zai nema tun bai buɗe baki ba. A nan na koyi yin shiru lokacin da ya kamata, na koyi kallon iska a ganyen darbejiya, na kuma ga yadda babban mutum ke kirga wa kansa bugun da babu wanda ya gani, da kuma wanda ke tura ƙwallo da ƙafa in ya ɗauka ba a kallo. Yaro na ganin duk wannan.

Maganar wasan masu kuɗi, eh kayan na da tsada ba zan ɓoye maka ba, amma manyan gwanaye da yawa ta ƙofar da ɗanka ya shiga suka shiga. Hogan da Sarazen da na lissafa a cikin mutum biyar ɗin can duk ɗaukar jaka suka fara. Seve Ballesteros na Sifaniya da sanda ɗaya tak ya koya a bakin teku, ya zo ya ci manyan kofuna biyar. McIlroy ɗin nan mahaifinsa ayyuka yake haɗawa har da shara da goge goge, mahaifiyarsa na aikin dare a masana'anta don su kai shi gasa. Kuma ƙasar nan ba baƙuwar wasan bace, filayen Jos da Kano da Kaduna tun zamanin Turawa suke, sannan akwai lokacin da gasar Nigerian Open a Ikoyi ke jawo 'yan wasa daga Turai, Sandy Lyle ya ci ta a 1978 kafin ya je ya ci The Open da Masters, Vijay Singh mutumin Fiji ya ci ta a 1988 da 1989, shi ne kuma ya zo ya sauke Tiger daga matsayin na ɗaya a duniya a 2004. A kan irin burawun ɗin nan suka taka.

Amma ba zan yaudare ka ba Baba, hanyar zama ƙwararren da zai ci abinci da golf a nan ƙunci gare ta, gasanni kaɗan ne, masu ɗaukar nauyi sun fi kaɗan, na san yara masu hannu sosai da suka girma suka tsufa da jaka a kafaɗa saboda sun bar makaranta. Don haka shawarata kar ka hana shi, amma ka kafa sharaɗi, boko da islamiyya su ne gaba, ranar da sakamako ya yi ƙasa jaka ta huta. Ka shirya wata Asabar ka bi shi filin da kanka ka ga su wa yake ɗaukar wa jaka, ƙarfe nawa yake tashi, ina kuɗin da ake bashi ke tafiya. Ka nemi ƙwararren da ke koyarwa a wajen, kusan kowane kulob na da shi, ku gaisa ka ce ga ɗanka ka bashi amana, ka tambaye shi ko akwai ranar da ake barin yara masu ɗaukar jaka su buga da kuma gasar yara. In ya ga yaron na da hannu zaka ga tsohuwar sanda ta fito daga wani wajen, haka aka min. Rodin nan kuma a karɓe shi a ajiye, yana ɓata riƙo kuma zai iya fasa wa ƙannensa kai.